Tambaya da Amsa: Sabunta Manhajar Cikin SSD Ba Tare da Asarar Bayanai Ba

Assalamu alaikum. Wasiƙun da suka taru mini a wannan karon kusan duk a kan abu ɗaya suke, wato saƙon nan da kan fito a allon kwamfuta yana cewa akwai sabuwar manhajar ciki ta ma'ajiyar SSD, wato na'urar da kwamfuta ke adana bayanai a ciki. Na zaɓi huɗu. Zan ja ta farkon da tsawo domin ita ce gindin maganar, sauran ukun daga jikinta suka tsiro.

Tambaya: Malam, shekara biyu ke nan da na saka wa kwamfutar cinyata SSD ta Samsung, kuma ba ta taɓa ba ni matsala ba. Kwanan nan manhajar Samsung Magician take ta nuna mini cewa akwai sabuntawa. Abokina ya ce tunda tana aiki lafiya in ƙyale ta, kada in tono wa kaina rigima. Duk aikina da hotunan iyalina suna ciki. In yi ko in bari?

Amsa: Ɗan'uwa, abokinka ya faɗi rabin gaskiya, sauran rabin kuma shi ne nake so ka ji kafin ka yanke shawara.

Mu fara da sanin abin da ake sabuntawar. Idan ka ɗauki siririyar SSD ɗin nan irin M.2, wadda tsawonta bai wuce na yatsa ba sosai, za ka ga 'yan baƙaƙen ƙwayoyi manne a jikinta. Mafi yawansu rumbuna ne, a cikinsu bayananka ke kwance. Guda ɗaya kuwa ita ce ƙwaƙwalwa, masu gyara na ce mata kwantirola. Manhajar ciki, wadda wasu ke kira famweya, ita ce karatun da wannan ƙwaƙwalwar ta haddace tun daga masana'anta. Kuma aikin da take yi ya fi yadda mutane ke zato. Kowane gurbin ajiya yana da iyakar sau nawa za a goge shi a sake rubutawa, don haka manhajar ba ta barin rubutu ya yi ta sauka a wuri ɗaya. Tana rarraba shi, tana kwasar bayanai daga nan ta kai can, ko da kai ba ka taɓa komai ba. Sannan tana riƙe da wani kundi da ke nuna inda kowane gutsure ya koma. Hoton ɗanka da kake gani guda ɗaya a allo, a cikin SSD a warwatse yake, kundin nan ne kaɗai ya san yadda za a harhaɗa shi. Ranar da kundin ya rikice, ko ƙwaƙwalwar ta kasa farkawa, bayanan suna nan a ciki amma babu mai iya karanta su. Shi ya sa ceto abu daga matacciyar SSD ya fi wuya nesa ba kusa ba a kan tsohon faifai mai juyawa. Da yawansu ma a kulle suke rubuta bayanan, mabuɗin yana cikin ƙwaƙwalwar da ta mutu.

To sabuntawa na nufin a sauya wa wannan ƙwaƙwalwa karatu alhali tana riƙe da dukiyarka. Nan gaskiyar abokinka take: akwai 'yan daƙiƙu a tsakiyar aikin da in wuta ta katse, kana iya rasa komai.

Amma ƙin yi shi ma ba tsira ba ne, kuma an sha gani. A farkon 2012 kamfanin Crucial ya fitar da gyara mai lamba 0309 ga ma'ajiyarsa m4, saboda an gano cewa da zarar ta cika awa 5,184 tana kunne, sai ta riƙa ɗaukewa bayan kowace awa guda. Kwana 216 ke nan in ba a kashe ta ba. Wanda ya fi wannan muni ya zo a Nuwamban 2019, lokacin da kamfanin kwamfuta na HPE ya gargaɗi masu amfani da wasu SSD ɗinsa na manyan kwamfutocin kamfanoni cewa suna cika awa 32,768 za su mutu murus, ba su ba bayanan da ke cikinsu. Wato shekara 3 da kwana 270 da awa 8. Duba lambar da kyau: 32,767 ita ce mafi girman abin da wani nau'in ƙaramin ma'aunin ƙidaya na kwamfuta ke iya ɗauka, ƙarin ɗaya sai ya tumbatsa. Abin tsoron shi ne, waɗanda aka kunna rana ɗaya a lokaci ɗaya za su mutu tare, har da wadda aka ajiye don ta zama madadin 'yar'uwarta. Babu wata alama da suke nunawa kafin nan. Lafiyarsu ƙalau har zuwa awar ƙarshe.

Tunda Samsung ka ambata, ga na kusa da kai. A farkon 2023 aka yi ta ƙorafi kan 980 Pro, musamman mai girman terabait 2, masu ɗauke da manhaja mai lamba 3B2QGXA7. Wasunsu sukan wayi gari sun kulle kansu, ana iya karanta abin da ke ciki amma ba a iya rubuta komai, Windows kuma ba ya tashi a haka. Manhaja mai lamba 5B2QGXA7 ita ce ta toshe matsalar, amma ga wadda ba ta riga ta kamu ba. Wadda ta riga ta kulle, sabuntawa ba ta dawo da ita. A wannan lokacin dai aka ga 990 Pro tana nuna lafiyarta na zubewa da sauri fiye da kima, aka fitar da gyara a Fabrairun shekarar, ya tsayar da zubewar amma bai mai da abin da ya riga ya ragu ba. Ban san wace iri ce taka ba domin ba ka faɗa ba. In 980 Pro ce kuma lambar farkon nan take nunawa, kada ka kwana ba ka yi ba.

Ka ga ke nan tambayar ba ta tsaya ga a yi ko a bari ba. Abin dubawa shi ne me sabuntawar ta zo gyarawa. Je shafin kamfanin ka nemi bayanin da suka rubuta game da ita. In ka ga maganar asarar bayanai, ko ɗaukewar ma'ajiya, ko shuɗin allon nan na Windows, wannan ta wajaba. In kuwa gyaran ya shafi wata na'ura ce da ba ka da ita, ko kuma jiya-jiya aka fitar da shi, ba laifi ka dakata mako biyu ko uku ka ji yadda ta kaya da waɗanda suka riga ka. Ni haka nake yi. Wasu kamfanonin rowar bayani gare su, layi ɗaya za su rubuta su ce an inganta aiki, kuma wannan yana ɓata mini rai ƙwarai, domin mutum na da haƙƙin sanin dalilin da zai sa ya yi kasada da bayanansa. Wani abu kuma, kada ka yi don neman sauri. Ba kasafai sabuntawa ke ƙara gudun da za ka ji a hannunka ba. An taɓa samun haka da 840 EVO, wadda tsofaffin fayiloli ke nauyin buɗewa a cikinta har sai da aka yi mata gyara sau biyu, a 2014 da 2015, amma wannan ma cuta aka warkar.

Yanzu ga yadda ake yi, kuma abu na farko shi ne wanda na koya da hawaye. Shekarun baya ƙanwata ta kawo mini kwamfutarta in duba mata, saura 'yan makonni ta miƙa kundin bincikenta na kammala digiri. Ina dubawa na ga akwai sabuntawar SSD, na ce bari in yi mata gaba ɗaya. Na san batirin kwamfutar ya mutu, da caja kaɗai take aiki, kuma na san bakin cajar yana rawa. Duk da haka na danna. Sandar nan mai nuna ci gaban aiki ta kai kusan rabi, na miƙa hannu zan ɗauko wayata, gwiwar hannuna ta shafi igiyar. Allon ya yi baƙi ƙirin. Da na sake kunnawa, kwamfutar ta ce ba ta ga wata ma'ajiya ba sam. Na cire ta na gwada a wata kwamfutar, na sake gwadawa a ta uku, shiru. Babi uku na kundin mun same su a imel ɗin da ta aika wa malaminta. Na huɗun sai da ta sake rubuta shi daga farko, tana kwana a zaune. Hotunan mahaifinmu na shekararsa ta ƙarshe kuwa, a nan kaɗai suke. Ba ta taɓa yi mini gori ba, amma har yau in na tuna yadda ta yi shiru tana kallon allon nan, sai in ji ƙirjina ya yi nauyi. Kwafin da zai hana duk wannan bai fi aikin awa ɗaya ba.

Saboda haka kafin ka taɓa komai, kwafe bayananka zuwa wata ma'ajiya dabam. Ba wani ɓangare na SSD ɗin ba, domin in ta tafi da duk ɓangarorinta za ta tafi. Faifan waje, ko babban filashi, ko ma'ajiyar intanet. In ka gama, kada ka yarda da ganin sunayen fayiloli kawai. Buɗe hotuna biyar ko shida daga cikin kwafin, buɗe takarda, kunna bidiyo ka ja shi zuwa ƙarshe. Sannan ka zare faifan daga jikin kwamfutar ka ajiye shi gefe. Kamfanonin da kansu suna rubuta wannan gargaɗin a saman kowace sabuntawa, mutane ne ke tsallake shi.

Daga nan sai wuta. Batiri ya cika, caja kuma tana jone, duka biyun. In kwamfutar tebur ce, a haɗa ta da na'urar riƙe wuta ta UPS wadda ka tabbatar batirinta na da rai, kuma kada a fara ana tsakiyar hadari da tsawa. Rufe duk manhajojin da ke buɗe, ka tabbata Windows ba ya tsakiyar tasa sabuntawar, kada ya sake kunna kansa a kanka. Rubuta lambar manhajar da ke kai yanzu a takarda, Magician na nuna ta a shafin bayanin ma'ajiyar. Sai ka danna.

Aikin kansa gajere ne, sau da yawa bai kai minti biyar ba. Abin da ake so gare ka a lokacin shi ne ka naɗe hannu. Kada ka rufe murfin, kada ka motsa kwamfutar, kada ka danna maɓallin kashewa ko da ka ga sandar ta tsaya cak kamar ta daskare. Ka ba ta isasshen lokaci. Yawanci kwamfutar za ta mutu da kanta ko ta nemi a kashe ta, domin a nau'in SSD na zamani da ake kira NVMe ana fara tura sabuwar manhajar ne a ajiye, sai an sake tashi take karɓar aiki. In ta dawo, koma ka duba lambar ka kwatanta da wadda ka rubuta. In ta canza, shi ke nan.

Gargaɗi ɗaya da ba zan gaji da maimaitawa ba: daga shafin kamfanin da ya ƙera ma'ajiyar kaɗai ake sauke wannan abu. Samsung na da Magician, Crucial na da Storage Executive, Kingston na da SSD Manager, Western Digital da SanDisk na da Dashboard. Fayil ɗin da wani ya turo maka, ko wanda ka tsinta a wani shafi da ba ka sani ba, kada ya kusanci ma'ajiyarka ko da sunan ya yi daidai. Iri ɗaya na SSD kan fito da kayan ciki mabambanta gwargwadon lokacin da aka ƙera ta, manhajar kamfanin ita ke iya tantance wadda ta dace.

Tambaya: Ni ɗaliba ce. SSD ɗin da ke cikin kwamfutata da ita ta zo tun daga kamfani. Na ga sunan wanda ya ƙera ta, na sauke manhajarsu, amma ta ce ba ta tallafa wa wannan ma'ajiyar. Sannan wani ya tsorata ni cewa in na sabunta, kwamfutar za ta nemi wasu lambobi da ban da su.

Amsa: Ƙanwata, babu abin da ya lalace. Ma'ajiyar da ta zo a cikin kwamfutar Dell ko HP ko Lenovo, ko da wani sanannen kamfani ne ya ƙera ta, an ƙera ta ne bisa odar mai kwamfutar, kuma shi ke da alhakin fitar mata da sabuntawa. Ki je shafin tallafi na kamfanin kwamfutarki, ki saka lambar da ke manne a ƙasanta, ki duba sashen ma'ajiya. In babu komai a wurin, to babu abin da ake jira ki yi. Kada ki nemi hanyar tilasta mata manhajar wata mai kama da ita.

Maganar lambobin kuwa gaskiya ce, kuma na ji daɗi da kika tambaya tun kafin ki fara. Kwamfutoci da yawa na zamani suna zuwa da makullin BitLocker a kunne ba tare da mai su ya sani ba. Makullin yana lura da canje-canje a cikin na'ura, in ya ga abin da bai gane ba sai ya tsaya a wani shuɗin shafi ya ce a kawo mabuɗin ceto, lambobi 48. Ba kullum sabunta SSD ke jawo haka ba, an fi ganinsa bayan sabunta BIOS, wato manhajar da ke tayar da kwamfutar kanta, amma ranar da ya faru kuma babu mabuɗin, babu mai gyaran da zai iya buɗe miki. Yawanci mabuɗin yana ajiye a asusunki na Microsoft wanda kika shiga da shi ranar farko. In kwamfutar ta makaranta ce ko ta wurin aiki, yana hannun masu kula da na'urorinsu. Ki nemo shi yau, ki rubuta a takarda da biro, ki adana inda kike adana takardun shaidarki. Kada ki ajiye shi a cikin kwamfutar da zai buɗe. In nau'in Windows ɗinki yana ba da damar dakatar da makullin na ɗan lokaci, ki dakatar kafin sabuntawar, zai koma aiki bayan an sake kunnawa.

Tambaya: Tawa SSD ɗin wani lokaci sai ta ɓace, in na kashe na kunna ta dawo. Jiya kuma na kwafi fayil ya ƙi shiga. Shin sabunta manhajar zai warkar da ita?

Amsa: Malam, ajiye maganar sabuntawa tukuna. Yau ɗin nan, kafin ka gama karanta wannan shafin in da hali, ka fara kwashe bayananka, kuma ka fara da waɗanda ba za ka iya sake samu ba: takardu, hotuna, aikin hannunka. Finafinai da manhajoji su jira. Ma'ajiyar da ke ɓacewa tana dawowa, babu tabbacin za ta dawo a karo na gaba, kuma tura mata sabuwar manhaja a wannan hali shi ne mafi haɗarin lokacin da za a zaɓa. Ƙin karɓar rubutun nan da ka gani, wasu SSD da gangan suke yin haka idan sun ji ƙarshensu ya zo, su kulle rubutu su bar ƙofar karatu a buɗe don mai su ya kwashe kayansa. Dama ce aka ba ka, kada ka ɓata ta wajen gwaje-gwaje.

Bayan ka kwashe, sai a yi bincike. Akwai wata ƙaramar manhaja ta kyauta, CrystalDiskInfo, da ke nuna lafiyar ma'ajiya da zafinta da yawan awannin da ta yi aiki da lambar manhajar cikinta. Kashe kwamfutar, cire ma'ajiyar ka sake zaunar da ita da kyau, in mai igiya ce ka canza igiyar, domin sau da yawa laifin daga nan yake. Sannan ka duba ko kamfanin ya san da irin wannan matsalar. Yana yiwuwa ƙwarai, kamar yadda aka yi a Oktoban 2024, lokacin da wasu ma'ajiyoyin Western Digital masu terabait 2, irin su SN770 da SN580, suka riƙa jawo shuɗin allo bayan an ɗora zubin Windows 11 mai suna 24H2, har kamfanin ya fitar da gyara. In taka irin wannan ce, sabuntawa ce maganinta. In ba haka ba kuma garantinta bai ƙare ba, mai da musu ita.

Tambaya: In na sabunta ban ji daɗinta ba, zan iya komawa tsohuwar? Kuma tawa a cikin akwatin USB take, ina amfani da ita a Linux da Mac.

Amsa: Ɗan'uwa, ka ɗauka cewa babu komawa. Yawancin manhajojin kamfanonin nan ba sa yarda a ɗora tsohuwa a kan sabuwa, kuma wannan na daga cikin dalilan da suka sa nake cewa a karanta bayanin tun kafin a danna.

Akwatin USB kuwa yana da tasa 'yar ƙwaƙwalwar da ke tsakanin kwamfuta da ma'ajiya, kuma sau da yawa ba ta barin umarnin sabuntawa ya wuce. Ko da ya wuce, igiyar USB abu ce mai saurin motsi, ba zan so a yi wannan aikin a kanta ba. In ma'ajiyar ciki ce ka saka a akwati, ciro ta ka dasa ta kai tsaye a cikin kwamfuta, ka yi aikin, ka mai da ita. In kuwa tun asali ta waje ce a rufe daga kamfani, to manhajar da suka tanadar mata ita za ka bi, ka jona ta kai tsaye ba ta hanyar mahaɗar USB mai bakuna da yawa ba.

A Linux, gwada manhajar sabuntawa ta fwupdmgr tukuna, domin wasu kamfanonin suna saka sabuntawarsu a wani rumbun intanet mai suna LVFS da take ɗaukowa daga ciki. In taka ba ta nan, duba ko kamfanin ya fitar da fayil irin ISO wanda ake ɗorawa a filashi a tayar da kwamfuta da shi, Samsung da Crucial duk sun saba fitarwa. Ma'ajiyar cikin Mac kuwa ba ruwanka da ita, tata sabuntawar tana zuwa ne a cikin ta macOS, abin da ya rage gare ka shi ne ka bar cajar a jone har ta gama.